Shirun Hukuma Ma Amsa Ce, a Kai Ta Gaban Alƙali

Duk wanda ya bi hanyar Maraɗi zuwa Damagaram, ko ta Ƙonni zuwa Tawa, in yana leƙa harabar makarantun bakin hanya, ba zai rasa ganin wani abu da idonmu ya riga ya saba da shi ba: ginin bulo da siminti ya kai saman taga ya tsaya, ƙarafa sun fito suna tsatsa, babu kwano babu ƙofa, a gefensa kuma ga rumfar zana cike maƙil da yara. Ka tambayi darektan lakwal, ya ce ɗan kwangila ya kwashe kayansa tun bara. Ka sami ɗan kwangila, ya rantse maka ba a biya shi kashi na biyu na kuɗinsa ba. Ka je ofis, a ce takarda tana hanya, sa hannu ɗaya ya rage. Kowa da tasa gaskiyar, shekara kuwa ba ta jiran kowa.

Ƴan uwana malamai da iyaye, magana ɗaya nake so mu yi yau. Wannan jinkiri mun ɗauke shi kamar fari ko ambaliya, abin da sai dai a yi haƙuri da shi har ya wuce. Ni a ganina kuskure ne. Ofishin da aka kai wa takarda ya ƙi amsawa ya riga ya yanke hukunci, ko da bai rubuta ba, kuma hukuncin ofis abu ne da alƙali ke da ikon dubawa. Hanyar tana nan a cikin dokokinmu, sai dai ƙunci gare ta, kuma ciyawa ta rufe ta don ba mu bin ta.

Mu fara tuna abin da jinkirin ke ci. Ranar 13 ga Afrilun 2021 wuta ta tashi a makarantar unguwar Pays-Bas a Yamai, ta cinye azuzuwan zana, yara ashirin suka rasu, galibinsu ƴan ajin renon yara. Ba a cika wata bakwai ba, ranar 8 ga Nuwamba, aka sake yi a makarantar AFN a Maraɗi, inda aƙalla yara 25 suka rasa rayukansu. Allah ya jiƙansu, ya ba iyayensu haƙuri. A lokacin gwamnati da bakinta ta ce akwai azuzuwan zana kimanin 36,000 a ƙasar nan da ke bukatar a maye su da gini, ta kuma hana sa ƙananan yara na ajin reno a cikinsu. Ko babu wuta, ajin zana ɓarawon lokaci ne. Ana buɗe makarantu a Oktoba, amma rumfa sai an gama girbi an sami kara. Iska da ruwan farkon damina kuma su ke rufe ta tun kafin hutu ya zo. Tsakanin nan ga ƙurar hunturu, ga muryar mushen da ke makwabtaka tana shigowa ta cikin zana. Saboda haka duk ajin siminti da ya tsaya a saman taga, akwai yaran da ke biyan kuɗin tsayuwarsa da watannin karatunsu, wani lokaci da abin da ya fi haka.

To daga ina rikicin ke tasowa? Kwangilar gini ta hukuma tana tafiya ne mataki-mataki, kuma kowane mataki yana rataye da takarda. Sai an ba ɗan kwangila umarnin fara aiki a rubuce kafin a fara ƙirga masa kwanaki. Akan ba shi kuɗin somawa, sannan a riƙa biyan sa kashi-kashi gwargwadon abin da mai sa ido ya auna ya sa wa hannu. In ya gama, kwamiti ya zo ya karɓi ginin karɓar farko, a riƙe wani ɗan kaso na kuɗinsa a matsayin jingina, galibi har shekara guda, a ga ko bango zai tsage ko rufi zai yi yoyo, sannan a yi karɓar ƙarshe. A kowace gaɓa akwai mutum ɗaya da in bai ɗauki alƙalami ba komai ya tsaya. Mai sa ido bai zo ya auna ba. An auna, ba a tura wa baitulmali ba. An gama gini, kwamitin karɓa bai zauna ba, aji yana kulle da kwaɗo yara suna waje. Ko kuwa ɗan kwangila ne ya ci kuɗin somawa ya gudu, hukuma kuma ta kasa aika masa takardar gargaɗi, ta kasa soke kwangilar ta ba wani, aikin ya zama ba na kowa ba.

Abin lura shi ne yadda ma'aunin ya karkata. In ɗan kwangila ya makara, akwai tarar da ake cire masa a kan kowace rana, kuma hukuma ba ta bukatar alƙali kafin ta cire, tunda kuɗin a hannunta suke. In hukuma ce ta makara wajen biya, ƙa'idojin kwangila sun ce ita ma a ɗora mata ƙarin kuɗin jinkiri, amma sai ɗan kwangila ya nema, shi kuwa yana tsoron in ya matsa ba zai ƙara ganin wata kwangila ba. Akwai hukumar da ke kula da tsarin kwangilolin gwamnati, ARCOP, mai kwamitin warware saɓani, amma masu zuwa gabanta ƴan kwangila ne da ofisoshin da suka ba su aiki. Uwar da ɗanta ke zaune a ƙasa cikin rumfa ba ta sa hannu a kwangilar ba, don haka kowa ya ɗauka ba ta da ta cewa.

Nan ne nake so mu duba shari'ar da muka gada. Tsarin shari'ar hukuma na Nijar daga Faransa ya samo tushe, kuma su ma can sun sha fama da wannan dabara ta shiru. Ƙa'idarsu ita ce ba ka kai ƙarar ofis sai kana riƙe da hukuncin da ya yanke. Sai ofisoshi suka gane cewa in ba su amsa ba, babu hukunci, in babu hukunci babu ƙara. A shekarar 1900 aka yi dokar da ta toshe wannan rami: in hukuma ta yi wata huɗu ba ta amsa ba, a ɗauka ta ce a'a, mai kuka ya wuce kotu da wannan a'ar. Daga baya aka rage wa'adin zuwa wata biyu a shekarar 2000, a 2013 kuma suka juya ƙa'idar, ya zama a al'amura da yawa shiru na nufin an yarda. A maganar izinin gini ma haka suke yi: wanda ya ajiye cikakkun takardun gina gidansa, in wata biyu ya cika ba a ce masa komai ba, a mafi yawan lokuta izini ya samu ke nan. Bahaushe ya riga su faɗa, shiru ma magana ce. Su dai sun sa mata ranar ƙarewa ne.

Wannan ƙa'ida ta cewa shirun hukuma ƙi ne da ake iya ƙalubalanta tana cikin tsarinmu. Hanyar kuwa a jere take. Ana fara rubuta wa ofishin da abin ke hannunsa, a faɗi abin da ake nema ƙarara. In ya ƙi, ko ya yi shiru har wa'adi ya cika, a koma gare shi ko ga na sama da shi a nemi ya sake dubawa. In nan ma ba a dace ba, sai alƙalin da ke shari'a tsakanin mutane da hukuma. Ƙarar neman soke hukuncin ofis a da Konsei Deta ake kai wa a Yamai, a ƙarshen 2023 kuma aka kafa Kotun Ƙasa ta haɗa aikinta da na kotun ƙoli. Maganar bashi da diyya kuwa, irin ta ɗan kwangilar da ba a biya ba, daga manyan kotunan jihohi take farawa. Wa'adin kowane mataki gajere ne, wanda ya bari ya wuce shi ƙararsa ta mutu tun ba a buɗe ta ba. Shi ya sa ranar da aka karɓi takardarka ta fi duk abin da ka rubuta a cikinta nauyi. Mu kuwa da baki muke kai kuka. Mu tara dattawa mu je gaisuwa, a ba mu ruwa, a ce in sha Allahu, mu dawo. Ziyara goma irin wannan ba ta kunna agogon doka ko na minti ɗaya. Wasiƙa guda mai hatimi da kwanan wata ita ke kunna shi.

Sai tambaya ta gaba: iyaye suna da hurumin shiga, alhali ba su cikin kwangila? Akwai tsohuwar shari'a da duk ɗalibin doka a jami'ar Yamai ya karanta. A birnin Bordo na Faransa kamfanin jirgin cikin gari ya daina bin wata unguwa, duk da cewa yarjejeniyarsa da hukuma ta shafi layin. Mazauna unguwar suka kafa ƙungiya ƙarƙashin wani malamin doka, Léon Duguit, suka nemi wakilin gwamnati ya tilasta wa kamfanin, ya ƙi. Suka kai ƙarar wannan ƙin. A Disamban 1906 kotu ta ce suna da ikon kawo ƙarar, tunda su ne masu amfani da aikin. A kan ainihin maganar ba su yi nasara ba, amma ƙofar da suka buɗe ba ta sake rufuwa ba. In masu hawa jirgin unguwa suna da wannan hurumi, ban ga dalilin da zai hana ƙungiyar iyayen yara mai rajista ta tambayi alƙali me ya sa ofis ya ƙi gargaɗin ɗan kwangilar da ya watsar da aji, ko ya ƙi kiran kwamitin karɓar ginin da aka gama.

Ba zan ɓoye raunin wannan hanya ba. Alƙali ya soke ƙin hukuma, wannan takarda ce, takarda kuwa ba ta rufa ɗaki. Faransawa da kansu sun daɗe a nan, alƙalinsu yana cewa ofis ya yi kuskure amma ba ya iya ce masa tashi ka yi. Sai a 1980 aka ba da ikon ɗora wa hukuma tarar kowace rana in ta ƙi bin hukunci, a 1995 aka ba alƙali ikon ba ta umarni da wa'adi, a 2000 kuma aka tsara shari'ar gaggawa, wadda a wasu al'amuran alƙali ke yanke magana cikin awa 48. Akwai kuma wani shingen: a ƙarƙashin dokokin OHADA, da Nijar ke cikin ƙasashe 17 masu bin su, ba a kama dukiyar hukuma don biyan bashi yadda ake kama ta ɗan kasuwa. Gyaran da aka yi wa dokar a 2023 ya buɗe wata kafa, inda mai bin bashin da ya tabbata zai iya neman a shigar da shi cikin kasafin hukumar a matsayin abin da dole a biya. Ƙaramin ɗan kwangilar da ya ci bashin siminti a kasuwa ya kamata ya san da wannan.

Ko kotu ta taɓa sa an gina aji a wani wuri? Ta taɓa. A Afirka ta Kudu, makarantu bakwai na ginin laka a lardin Gabashin Kap suka kai gwamnati ƙara a 2010. A farkon 2011 aka yi sulhu, gwamnati ta ɗauki alkawarin kashe rand miliyar 8.2 wajen maye irin waɗannan makarantu. Matsin ƙungiyar Equal Education a kotu ya sa a Nuwamban 2013 aka fitar da ƙa'idar da ta ba da shekara uku a kawar da makarantun laka da makamantansu. Wa'adin ya cika a 2016 ba a gama ba, aka koma kotu, a 2018 alƙali ya soke sharaɗin da gwamnati ke fakewa da shi. A Indiya kuma, ranar 16 ga Yulin 2004 wuta ta kama rufin ciyawa na wata makaranta a garin Kumbakonam, yara 94 suka rasu. Wani ɗan ƙasa ya kai magana kotun ƙoli, a Afrilun 2009 ta yanke cewa haƙƙin karatu ya haɗa da karatu a wurin da ba ya barazana ga rai, ta kuma shimfiɗa wa makarantu ƙa'idojin gini da na kashe gobara. A ƙasashen biyu har yau da sauran aiki. Abin da kotu ta canza shi ne, jami'in da a da yake cewa ana kan dubawa, yanzu dole ya zo da rana, ya kuma dawo ya yi bayani in ranar ta wuce.

Na san abin da za a ce mini, kuma ba maganar banza ba ce. Za a ce ƙasa ba ta da kuɗi, ga matsalar tsaro tana cin kasafi, alƙali ba ya buga sefa. Gaskiya ne. Amma ajin da ya kai saman taga an riga an zuba masa kuɗin jama'a, kuma kowace damina da ta sauka a kansa tana rage abin da aka zuba. Sannan jinkiri da yawa ba na kuɗi ba ne. Zaman kwamitin karɓa, takardar gargaɗi, soke kwangilar wanda ya gudu, amsa wa ƙungiyar da ta tara kuɗinta tana neman izinin gina aji biyu a filin makaranta, duk waɗannan alƙalami suke ci. In kuwa da gaske babu kuɗin, a rubuta haka a sa hannu, iyaye su san matsayinsu su nemi wata dabara. Wanda aka ce wa babu ya fi wanda aka ce wa je-ka-ka-dawo kwanciyar hankali.

Za a ce kotun ma jinkiri gare ta, ga nisa, ga kuɗin lauya. Wannan ma haka ne, shi ya sa nake ganin kotu ita ce matakin ƙarshe. Amfaninta mafi girma shi ne a san tana nan. Wasiƙar da jami'i ya san za ta iya ƙarewa a teburin alƙali ba ya ajiye ta inda yake ajiye sauran. Ga marasa hali kuma akwai hukumar taimakon shari'a ta ƙasa, ANAJJ, da aka kafa tun 2011, mai ofisoshi a manyan kotuna.

Za a kuma ce kai ƙarar hukuma rashin kunya ne, ko neman faɗa da masu mulki. Ni ban ɗauke shi haka ba. Kotun hukuma ce ta kafa ta, dokar ita ta rubuta. Wanda ya bi ta ya girmama ƙasa fiye da wanda ya tare hanya da duwatsu, ya kuma fi wanda ya koma gida yana zagi a zuci. Tun da aka miƙa wa kananan hukumomi ginin makarantun firamare a 2016, mai amsa wannan tambaya ya matso kusa da mu. A Afrilun 2024 an rushe majalisun da aka zaɓa, aka naɗa masu riƙo. Ma'ana babu kansilan unguwa da za ka tare a wurin suna ka tuna masa. Wannan ya ƙara wa takarda da alƙali muhimmanci.

Ga malamai ina da magana ta daban. Na san mushe ma'aikacin gwamnati ne, ɗan kwantaragi kuwa ya fi kowa sanin cewa ana iya wurga shi ƙauyen da ko mota ba ta zuwa. Ba na cewa malami ya sa sunansa a kan ƙara. Aikinsa shi ne rubutu: ranar da aka fara gini, ranar da aka tsaya, yawan yaran da ke cikin zana, kwanakin karatun da aka rasa, duk a cikin rahoton da yake aika wa sufeto kamar yadda aikinsa ya tanada, ya kuma karanta wa taron COGES. Ƙara kuwa ta iyaye ce, su babu mai canza musu wurin aiki.

Iyaye kuma ga abin da ke hannunku tun gobe. Ku ɗauki hoton allon da aka kafa a bakin aikin, wanda ke nuna mai ba da kuɗi, da ɗan kwangila, da wa'adin gamawa. Ku nemi ganin takardun kwangilar a rubuce, dokar 2011 ta samun bayanan hukuma ta ba ɗan ƙasa wannan dama. Ku tabbatar ƙungiyarku tana da rajista. Ku rubuta buƙata guda mai iyaka, misali a kira kwamitin karɓa, ko a gargaɗi ɗan kwangila, kada ku cika ta da koke-koke goma. Ku yi kwafi biyu, a buga muku hatimi da kwanan wata a kan ɗaya ku riƙe. In an ƙi karɓa, wisiye yana iya kai ta, yana kuma iya zuwa ya rubuta halin da ginin ke ciki, rubutunsa hujja ne a kotu. Ranar da kuka ajiye wasiƙar, a ranar ku tambayi masanin doka yaushe wa'adi zai cika. In makarantu biyar na gunduma ɗaya suka haɗa kai, kuɗin lauya ya zama ɗan kaɗan a kan kowa. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Ga masu rubuta dokokin ƙasa a wannan lokaci da ake maganar sake gina ta, roƙona huɗu ne. A sa wa kowane mataki na ginin makaranta wa'adi a rubuce, a manna shi a ƙofar ofis da Hausa da Zabarmanci da sauran harsunanmu. A mai da shiru ya zama yarda a kan izinin gina aji, muddin an bi zanen da ma'aikatar ilimi ta amince da shi, don kada sauri ya haifar da ginin da zai faɗo wa yara. A fayyace a doka cewa ƙungiyar iyaye tana da hurumin ƙara a kan ginin makarantarta. Sannan a ba alƙalin Maraɗi da na Damagaram da na Tawa cikakken ikon sauraron irin wannan ƙara cikin gaggawa, ya sa rana, ya ɗora tarar kowace rana in an saɓa, ba sai an niƙi gari zuwa Yamai ba.

Yaron da ya shiga ajin farko bana, shekara shida gare shi a firamare. In ginin ajinsa ya yi shekara uku yana jiran sa hannu, rabin karatunsa ya tafi a cikin zana, kuma babu hukuncin da zai maido masa da shi. Mun iya haƙuri, an shaide mu a kansa. Mu ƙara masa kwanan wata da hatimi.